Darasin Launin Ido: Koyar da Illar Wariya a Aikace

Ranar 5 ga Afrilu, 1968, washegarin kisan Martin Luther King, wata malamar firamare mai suna Jane Elliott a garin Riceville da ke Amurka ta raba ajinta gida biyu bisa launin ido: masu shuɗi da masu ruwan ƙasa. Yaran duka Turawa ne, 'yan kimanin shekara takwas. Ta shaida wa kashi ɗaya cewa sun fi sauran basira, ta ƙara musu lokacin wasa, ta hana ɗaya kashin shan ruwa kai tsaye daga famfo. Kafin a tashi, abokan jiya sun fara raina juna, aikin waɗanda aka ƙasƙantar kuma ya ja baya. Da aka dawo makaranta sai ta juya lamarin, kowa ya ɗanɗana.

Mukan yi wa'azi a kan Yakubu sura 2, jama'a su amsa da amin, a fita ba abin da ya canza. Wanda aka wulakanta na awa ɗaya kuwa ba ya mantawa.

Amma mu yi hattara. An soki Elliott cewa ta jefa ƙananan yara cikin damuwa ba da yardarsu ba, kuma sukar tana da tushe. In za mu gwada, mu yi da manya, bayan mun nemi amincewarsu. A raba mutane da ƙuri'a ko launin ƙyalle. Kada a kuskura a raba su bisa ƙabila ko yare, domin a ikilisiyoyinmu wannan gyambon bai warke ba. Bayan an gama, a ba da isasshen lokacin tattaunawa, waɗanda aka ƙasƙantar su fara magana.