Kalmar Ingilishi "Impersonate" da Takwarorinta a Hausa

Duk wanda ya taɓa aikin fassara, ko a gidan rediyo, ko a kotu, ko a cikin aji, ya san akwai kalmomin da suke ɗauke da kaya fiye da ƙima, ta yadda babu kalma guda a harshen da ake fassarawa cikinsa da za ta iya sauke su duka. Kalmar Ingilishi impersonate tana cikin irin waɗannan. Baturen da ya ce an ɗaure wani saboda wannan aiki, shi ne kuma zai ce an tafa wa wani saboda shi, ba tare da ya ji wani saɓani a cikin maganarsa ba. Manufar wannan maƙala ita ce a bi diddigin kalmar a harshenta, a ga yadda ma'anoninta suka rarrabu, sa'an nan a duba yadda Bahaushe ya raba wa kalmomi dabam-dabam aikin da Bature ya ɗora wa kalma guda.

Asalin kalmar da ƙirarta

Tushen kalmar shi ne persona ta harshen Latin, watau fuskar aro da 'yan wasa suke ɗaurawa a dandali a zamanin Rumawa. Daga fuskar sai ma'ana ta koma kan rawar da mai ɗaura ta yake takawa, daga nan ta koma kan matsayin mutum a gaban shari'a, har daga bisani ta zama mutum kansa. Nan Ingilishi ya sami kalmarsa ta person. Ashe ke nan tun a tushe akwai ƙanshin wasa a cikin kalmar da Bature yake kiran mutum da ita.

Aikatau biyu suka fito daga wannan tushe. Na farko personate, wanda ya bayyana a ƙarshen ƙarni na 16. Na biyu impersonate, wanda ya biyo baya a farkon ƙarni na 17. Ma'anar farko ta na biyun ba ta da alaƙa da yaudara ko kaɗan. Tana nufin a ba abin da ba mutum ba siffar mutum, kamar yadda Turawa suke zana adalci a siffar mace mai riƙe da sikeli. Wannan shi ne abin da manazarta adabinmu suke kira mutuntarwa. A yau kalmar personify ta karɓe wannan aiki kusan baki ɗaya, sai dai mai karanta tsofaffin littattafai zai ci karo da tsohuwar ma'anar, kuma in bai sani ba zai ɗora wa marubuci abin da bai faɗa ba.

Akwai wani tarko a ƙirar kalmar da ya kamata malamai su riƙa nuna wa ɗalibai. Ɗafa-goshin im- asalinsa in- ne, naso ya mai da /n/ ta koma /m/ saboda /p/ da ke biye, daidai da yadda muke rubuta "gidan Bala" amma mu furta "gidam Bala". Sai dai Ingilishi ya gaji in- iri biyu daga Latin: ɗaya na korewa, ɗaya mai ma'anar shiga ciki. Na korewa shi ne a cikin impersonal, watau abin da bai shafi wani mutum takamaimai ba. Na shiga ciki shi ne a kalmarmu. Saboda haka kalmomin nan biyu, duk da kamar da suka yi da juna, ba hanya ɗaya suka dosa ba: ɗaya fitar da mutum take yi daga magana, ɗaya kuwa shiga rigarsa take yi. Ta fuskar nahawu aikatau ne so-karɓau, kuma karɓan nan kusan kullum mutum ne ko mai wani muƙami.

Ma'anoninta a Ingilishin yau

Ma'ana ta farko ta nishaɗi ce. Mutum ya ɗauki murya da tafiya da shigar wani sananne ya fito gaban jama'a, su kuwa sun san ba shi ba ne, daɗin abin ma a wannan sanin yake. Tun bayan mutuwar mawaƙin Amurka Elvis Presley a 1977 kwaikwayonsa ya zama sana'a sosai, ana kiran masu yin ta impersonators, babu wanda yake jin zargi a cikin sunan. A da akan yi amfani da kalmar ga kowane ɗan wasa da ya fito a matsayin wani a dandali, amma yanzu ta fi karkata ga kwaikwayon mutumin da ya taɓa rayuwa da gaske.

Ma'ana ta biyu ta zamba ce, kuma ita ta fi yawa a jaridu da kotuna. Aikin bai canza ba: murya ce, da tufafi, da suna. Abin da ya canza shi ne sanin mai kallo. Idan ya san wasa ne, sai ya biya kuɗin shiga da ransa. Idan bai sani ba, an cuce shi. Kalmar ba ta ɗauke da wata alama da za ta nuna wanne ake nufi, sai abin da ya kewaye ta. Wannan ya bambanta ta da maƙwabtanta. Kalmar imitate ba ta kai ga da'awa ba, domin yaron da yake koyi da tafiyar ubansa bai ce shi ne uban ba. Ita kuwa impostor kullum zargi ce, ba a yaba wa kowa da ita.

A harshen lauyoyin Ingila tsohuwar kalmar personation ce ta daɗe tana aiki. Dokar jefa ƙuri'a a asirce ta 1872 ta yi amfani da ita ga wanda ya nemi takardar ƙuri'a da sunan wani, rayayye ko matacce ko ƙagagge. Shekara biyu bayan haka aka yi wata doka musamman a kan shiga rigar wani don cin dukiya, sakamakon shari'ar Tichborne. Roger Tichborne magajin wani babban gida ne da ya ɓace a teku a 1854. Uwarsa ba ta yarda ya mutu ba, ta yi ta cigiya a jaridu, sai ga wani mahauci daga Ostareliya ya iso a 1866 ya ce shi ne. Uwar ta karɓe shi, yawancin dangi suka ƙi. A 1874 kotu ta yanke cewa shi Arthur Orton ne, ta ɗaure shi shekara 14. Abin lura shi ne, da laifin rantsuwar ƙarya aka kama shi, sa'an nan majalisa ta toshe gurbin da shari'ar ta nuna.

Ta hanyar doka ce kalmar ta fi shigo mana. Dokar Final Kot ta Jihar Arewa, wadda aka zartar a 1959 ta fara aiki a 1960, an gina ta a kan ta Sudan, ita kuma ta Sudan a kan ta Indiya ta 1860. A cikinta sashe na 132 ya yi magana a kan wanda ya yi da'awar shi ma'aikacin hukuma ne, sashe na 321 kuwa a kan wanda ya yi zamba ta hanyar fitowa a matsayin wani mutum. Wannan rabo na laifi gida biyu zai yi mana amfani nan gaba.

Yadda Bahaushe ya raba aikin

Ma'anar nishaɗi ba ta da wuya: kwaikwayo ne. Kuma Bahaushe bai jira zuwan Bature ba kafin ya san shi. A wasan gauta matan fada sukan fito a matsayin sarki da hakimansa, sarkin yana zaune yana kallon yadda ake ganinsa. 'Yan kama sukan ɗauki muryar malamai da salon wa'azinsu su juya shi ya koma kan tuwo da miya. A kalankuwa samari sukan naɗa wa junansu muƙaman hukuma bayan an kau da amfanin gona. Duk waɗannan Bature zai iya kiransu da kalmar da muke nazari, amma babu Bahaushen da zai kira su sojan gona, domin ba a ɓoye wa kowa kome ba.

A nan ya dace a ja kunnen masu fassara bayanin bori. A wurin masu abin, wanda iska ya hau ba kwaikwayon iskan yake yi ba. Shi doki ne, ko goɗiya in mace ce, iskan shi ne mahayi. Nahawun kansa ya nuna haka, tun da iska ne aikau, mutum kuwa karɓau. Wanda ya sa impersonate a wannan gurbi ya juya jimlar, ya kuma shigar da nasa hukunci a cikin abin da ya kamata ya zama bayani kawai.

Ma'anar zamba ita ce mai rassa. Kalmar da ta fi saurin zuwa baki ita ce sojan gona. Harɗaɗɗen suna ne, kuma kashinsa na farko, soja, aro ne daga Ingilishi, abin da ya nuna bai girmi haɗuwar Hausawa da rundunonin Turawa ba. Rahotannin shekara-shekara na farkon mulkin Turawa a Arewa sun sha kuka da mutanen da suke shiga ƙauyuka da sunan su manzannin Bature ne suna karɓar dukiyar talakawa. Hoton da kalmar ta zana ya dace da wannan: ga kaki, ga tsawa, amma barikinsa bai wuce gona ba. Watau abin da sojan gona ya ara shi ne muƙami da ikon da ke tare da shi. Ba ya bukatar ya zama wani mutum takamaimai, ya ishe shi a ɗauke shi ɗaya daga cikin masu iko.

Mafi kyawun misalin wannan a tarihin Turai ba a Ingila ya faru ba, a Jamus ne. A watan Oktoba na 1906 wani baduku mai suna Wilhelm Voigt ya sayi tsofaffin kayan kyaftin a wurin 'yan gwanjo, ya tare wasu sojoji a kan hanya ya ba su umarni su bi shi, suka bi. Ya kai su ofishin magajin garin Köpenick kusa da Berlin, ya sa aka tsare magajin gari, ya karɓi kuɗin baitulmali, har ya ba da rasit. Kaki ne ya yi masa magana. Wannan sojan gona ne tsantsa, kalmar ta zauna masa kamar don shi aka ƙera ta. To, amma a gwada ta a kan Orton. Za a ji ta yi sako-sako, domin shi ba muƙami ya ara ba, mutum guda ya ce shi ne, mai uwa da dangi da tarihin ƙuruciya. A ganina Hausar da ta fi dacewa da shi ita ce "ya yi da'awar shi ne wane", ko "ya fito a matsayin wane". Voigt na sashe na 132 ne, Orton na sashe na 321, kuma kunnen Bahaushe yana jin bambancin ko da bai taɓa buɗe littafin doka ba.

Shigar burtu kuma wani abu ne dabam. Maharbi yakan ɗaura kan burtu a goshinsa, ya lulluɓa da baƙin tufa, ya duƙa yana tafiya irin ta tsuntsun har ya kusanci dabba. Nauyin ma'anar yana kan kusantar abin farauta ta hanyar fitowa a siffar da ba a jin tsoro. Saboda haka tana fuskantar sojan gona ne: shi yana aron siffar da ake tsoro don a miƙa wuya, mai shigar burtu yana aron siffar da aka amince da ita don a saki jiki. Ɓarawon da ya shiga gidan biki da shigar mata, burtu ya yi. Ɓad da kama da basaja kuwa sun fi damuwa da ɓoye wanda ake, ba da bayyana wani ba. Mai gudun hukuma da ya aske gemu ya ɓad da kama, amma bai shiga rigar kowa ba, don haka kalmar Ingilishin ba ta hau kansa.

Gaskiya ne a bakin 'yan jarida sojan gona ta faɗaɗa, har ana cewa likitan sojan gona, ko a ce an kama wani yana sojan gona a ɗakin jarrabawa. Na farkon bai saɓa wa asali ba, tun da likitanci ma matsayi ne. Na biyun ya ɗan yi nisa, ko da yake amfani ya riga ya karɓe shi, kuma harshe ba ya neman izinin manazarci. Duk da haka "ya zauna wa wani jarrabawa" ta fi fayyace abin da ya faru, ta kuma nuna cewa akwai mutum na biyu da aka haɗa baki da shi, wanda sojan gona take ɓoyewa. A takardar kotu wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Zamanin kwamfuta ya ƙaro wasu gurabu. Dokar laifuffukan intanet ta Nijeriya ta 2015 ta haɗa satar bayanan mutum da fitowa a matsayinsa a sashe guda, na 22. Wanda ya buɗe shafi a Facebook da suna da hoton wani yana roƙon kuɗi daga abokansa, aikinsa ya haɗa da'awa irin ta Orton da dabara irin ta maharbi, kuma mai fassara zai zaɓi wadda labarin ya fi nauyi a kanta. A wurin masu tsara manhaja kuwa kalmar tana da wata ma'ana marar laifi: a tsarin Windows, alal misali, ana kiran halin da wata manhaja take gudanar da aiki da izinin mai amfani da ita, a madadinsa, da wannan suna. Wanda ya fassara wannan da sojan gona ya tsorata mai karatu a banza. Kalmar da ake bukata a nan ita ce wakilci.