Wane ne Cagliostro? Malamin tsafin lokaci da ba a taɓa nuna fuskarsa a Doctor Strange ba

Duk wanda ya kalli fim ɗin Doctor Strange na 2016 zai tuna yadda aka buɗe shi: wasu mutane sun kutsa ɗakin karatu cikin dare, suka sare kan mai tsaron wurin, shugabansu Kaecilius ya yage wasu shafuka daga wani tsohon littafi, suka arce. To sunan littafin nan Littafin Cagliostro, ana furta shi kamar Kaliyostiro. Mai littafin bai fito ko a sin ɗaya ba, amma kusan duk bala'in da aka gani a fim ɗin daga rubutunsa ya taso. Shi za mu tattauna a kansa yau.

A cikin labarin, littafin yana Kamar-Taj, makarantar matsafa da ke Kathmandu a ƙasar Nepal. Yana cikin littattafan da shugabar makarantar, Ancient One, ta keɓe wa kanta, an ɗaure su da sarƙa. Da harshen Sanskrit aka rubuta shi, kuma abin da ya ƙunsa shi ne ilimin lokaci: yadda za a mayar da shi baya, a tura shi gaba, ko a ɗaure shi ya riƙa maimaita kansa.

Kun tuna sin ɗin tuffa? Strange ya buɗe littafin, ya rataya Idon Agamotto a wuya, ya sa tuffar da ya gatsa ta koma cikakkiya, sannan ya tura ta gaba har ta ruɓe. Daga nan ya dawo da shafukan da aka yage. Wong da Mordo suka shigo a guje suna masa faɗa, wai bai karanta gargaɗin ba? A nan aka gano aibin littafin: sai bayan an gama bayanin tsafin sannan gargaɗi yake zuwa. Mutane da yawa sun ɗauki wannan a matsayin barkwanci kawai, alhali a kansa aka gina labarin gaba ɗaya.

Ku duba mutum biyu da suka karanta littafin. Kaecilius ya rasa iyalinsa, ya ɗauki lokaci a matsayin abokin gaba, tunda shi ke kashe kowa. Sai ya yi amfani da shafukan ya kira Dormammu, mai mulkin duniyar duhu inda babu lokaci sam, yana neman rayuwa ta har abada. Ya samu abin da ya nema, amma a matsayin azaba marar ƙarshe. Shi kuwa Strange, da ilimin lokacin nan ya ɗaure kansa da Dormammu a dawafi guda, ana kashe shi yana dawowa, har dodon ya gaji ya bar duniya. Littafi ɗaya suka sha, niyya ce ta raba su.

A 2021, shirin zane na What If...? ya ƙara zurfafa maganar a kashi na huɗu. A can, budurwarsa Christine Palmer ce ta mutu a haɗarin mota. Strange ya yi ta komawa daren yana sauya hanya, sauya shiri, amma kullum sai ta mutu. Ancient One ta gaya masa mutuwar nan ba ta sauyuwa. Bai ji ba. Ya nemo ɓataccen ɗakin karatun Cagliostro, ya haɗu da mai kula da shi, O'Bengh, ya kwashe ɗaruruwan shekaru yana haɗiye halittu don ƙara ƙarfi. Ya dawo da Christine, amma duniyarsa baki ɗaya ta narke, har da ita, ya rage shi kaɗai. Wanda bai ji bari ba, ai ya ji hoho.

Abin da da yawa ba su sani ba shi ne, Marvel ba ƙirƙiro sunan suka yi ba. An yi wani mutum na gaske mai suna Giuseppe Balsamo, haifaffen Palermo a Italiya a 1743, wanda ya laƙaba wa kansa sunan Count Alessandro di Cagliostro. Ya zaga manyan biranen Turai tare da matarsa Lorenza, yana sayar da magungunan da ya ce suna dawo da ƙuruciya, yana duba, masu sarauta suna rububinsa. A 1785 aka kama shi a Faransa kan badaƙalar sarƙar lu'ulu'u da aka yi da sunan Sarauniya Marie Antoinette, aka tsare shi a gidan yarin Bastille. Kotu ta wanke shi a 1786, amma aka kore shi daga ƙasar. A 1789 hukumar cocin Roma ta kama shi, aka yanke masa hukuncin kisa, Paparoma ya mayar da shi ɗaurin rai da rai. A kurkukun San Leo ya mutu a 1795, yana da shekara 52. Mai sayar da maganin tsufa ke nan, ko tsufan bai kai ba.

Sunansa dai bai mutu ba. Mawaƙin Austriya Johann Strauss na biyu ya yi wasan waƙa a kansa a 1875. Orson Welles ya fito a matsayinsa a fim ɗin Black Magic na 1949. Hayao Miyazaki na Japan ya ari sunan a fim ɗinsa na farko, The Castle of Cagliostro, a 1979. Marvel kuma suka ɗauki mutumin da tarihi ya fi sani da damfara, suka mayar da shi babban malami.

Me ya sa labarin ke taɓa zuciya? Saboda ba wanda bai taɓa cewa "da na sani" ba. Wanda ya rasa uwa, ko ya furta wata kalma da ta raba shi da masoyi, ya san wannan burin na komawa jiya ko da na minti biyar ne. Fim ɗin bai raina wannan ciwon ba, amma ya nuna cewa duk wanda ya ƙi yarda da rashi, sai ya ƙara rasa abin da ya rage masa.

Yanzu ku faɗa mana: da a ce Idon Agamotto zai shigo hannunku na dare ɗaya, za ku koma baya, ko za ku mayar da shi inda kuka ɗauko?