Hawan Dutsen Kamaru

Unguwar Akebe tana cikin Libarbil, babban birnin Gabon. Garin yana bakin teku, kullum da zafi. Amma a arewa da Gabon, kusa da wannan teku, akwai wurin da sanyi ke sa mutum makyarkyata. Shi ne Dutsen Kamaru. Tsawonsa ya fi mita 4.000. Daga Sanigal har Gabon babu dutsen da ya kai shi.

Masu hawa suna tashi da sassafe daga garin Buya, a gindin dutsen. Ba a hawa sai da ja-gora. Shi ɗan wurin ne, ya san hanya. In hazo ya rufe dutsen, baƙo shi kaɗai sai ya ɓata.

Da farko ana ratsa kurmi, sannan ciyawa, daga nan sai baƙaƙen duwatsu, domin dutsen mai aman wuta ne. Ya yi amai a 1999 da 2000.

Duk mita 1.000 da aka hau, zafi yana raguwa da wajen digiri 6. Iska kuma tana ƙaranci, numfashi yana wuya. Mai gaggawa yakan kamu da ciwon kai da jiri. Shi ya sa ake kwana a wata bukka a hanya, don jiki ya huta, ya saba. Da asuba a ci gaba har ƙololuwa, wadda ake kira Fako.

Tambayoyi
1. Mene ne aikin ja-gora?
2. Don me ake kwana a hanya?