Tallafin Karatu: Wanne Ne Gaskiya, Wanne Ne Ƙanzon Kurege?

Saƙon yakan shigo ne da daddare, a zauren WhatsApp na dangi ko na tsofaffin 'yan makaranta. Ga hoton tuta, ga hoton jirgi, sai rubutu da manyan baƙaƙe: wai wata ƙasa ta buɗe gurabun karatu kyauta ga ɗalibai dubu kaza, ba jarrabawa, ba sharaɗi. Ka latsa nan, ka sa sunanka, sannan ka tura wa zauruka goma kafin a tabbatar maka. Kafin gari ya waye wata gwaggo ta riga ta tura wa ɗanta, ta haɗa da "Allah Ya sa a dace."

Wannan ƙarya ce tsagwaronta. Babu hukumar da ke ba da tallafin karatu da za ta ce sai ka yi mata talla a zauruka goma. Abin da masu shafin ke nema lambar wayarka ce da NIN da BVN, wani lokaci kuma su kira ka su ce ka karanto musu lambobi shida da aka turo maka. Ka karanta, WhatsApp ɗinka ya koma hannunsu, su shiga roƙon 'yan uwanka kuɗi da sunanka. Dubi adireshin shafin tun farko: na gwamnatin Najeriya yakan ƙare da gov.ng, na shirin gwamnatin Turkiyya da gov.tr.

Irin wannan mai sauƙin ganewa ce. Jita-jitar da ta fi ɓarna ita ce wadda ke da ɗan ƙamshin gaskiya a jikinta.

Ɗauki maganar da ta fi kowacce yawo a majalisa: "Ai sai da hanya. Ɗan talaka da ba shi da uwa a gindin murhu ya haƙura." Ba zan rantse cewa kowane jerin sunaye da ake haɗawa a gida tsaf yake ba, duk wanda ya girma a ƙasar nan ya taɓa jin an ce sunan wane ya shiga ta taga. Sai dai an ɗauki wannan tabon an shafa wa kowane irin tallafi, kuma nan ne kuskuren yake. Chevening, wanda gwamnatin Birtaniya ke bayarwa tun 1983 domin digiri na biyu na shekara ɗaya, kwamitocin masu karatu ne ke tace takardunsa, waɗanda ba su san ka ba, ba su san gidanku ba, sannan a kira waɗanda suka tsallake zuwa ganawa a ofishin jakadanci. Erasmus Mundus na Tarayyar Turai, wanda ke ba ɗalibi Yuro 1,400 a wata ban da kuɗin makaranta, malaman jami'o'in da suka haɗa kwas ɗin ne ke zaɓe da kansu. Wane kansila ne zai yi maka magana a can? A ganina wannan jita-jitar ta fi 'yan damfara cutar da yaranmu, domin ɗan damfara kuɗi yake ci, ita kuwa hana mutum cike fom ɗin take yi tun daga tushe. Yaro ya gama da sakamako mai kyau, ya zauna yana jiran wani babba ya tuna da shi, alhali ƙofar da ba ta buƙatar babba tana buɗe har ta rufe.

Sai ƙanwarta: "Ba ka samu sai ta hannun ejan, kuma akwai kuɗin fom." Neman Chevening kyauta ne. Na Commonwealth kyauta ne. Na Turkiyya kyauta ne, kuma hukumar shirin kan nanata cewa ba ta wakilta kowa ya karɓi takardu a madadinta ba. Haka Jami'ar Musulunci ta Madina, wadda aka kafa a 1961: ta intanet ake nema, akan so takardar tazkiyya daga malami ko wata cibiya da aka sani, amma gurbin ba na sayarwa ba ne, ko da mai tallar ya zo da rawani. Gidauniyar Mastercard ma ba ta da wani fom guda da ake rabawa. Kowace jami'ar da ke cikin shirin, irin su KNUST ta Kumasi da Ashesi da Makerere ta Yuganda, ita ke karɓar masu nema da kanta.

Inda gaskiya take a nan shi ne neman ba ya rasa ɗawainiya. Fasfo kuɗi ne. Karɓo cikakkiyar takardar sakamako daga jami'a kuɗi ne da jeka-ka-dawo. Jarrabawar Turanci ta IELTS, in an buƙace ta, ba araha ba ce, wasu jami'o'in kuma suna da kuɗin neman gurbi. Bambancin shi ne duk waɗannan ofis ne mai suna ke karɓa ya ba ka rasit. Da zarar an ce ka tura kuɗi asusun wani mutum domin "a riƙe maka gurbi", to biri ya yi kama da mutum.

Mai shagon kwamfuta da ya taimaka maka ɗora takardu, ka biya shi ladan aikinsa, ba laifi. Amma kada ka bari ya buɗe maka da imel ɗinsa, don can za a aiko da amsa. Kada kuma ya manna maka bayanin kai da ya riga ya manna wa mutum biyar kafin kai. Masu tacewa suna da manhajar gano rubutun da aka kwafo, kuma fom ɗin da aka kama shara ake zubawa.

"Sai mai daraja ta ɗaya." Wannan ma da tushenta. Lokacin da gwamnatin Kano ta sanar da tura ɗalibai 1,001 karatun digiri na biyu a Indiya da Yuganda a 2023, masu daraja ta ɗaya ta nema, kuma haƙƙinta ne ta sa sharaɗinta. Amma ba dokar duniya ba ce. Chevening digirin da zai sa jami'ar Birtaniya ta karɓe ka yake so, wanda galibi daraja ta biyu ta sama ce. Abin da ya fi matsawa a kai shi ne aikin shekara biyu, wato awa 2,800, kuma aikin sa-kai da na wucin gadi suna shiga lissafi. Malamar da ta shekara uku tana koyarwa a ƙauye, ta kuma iya bayyana abin da ta canza a wurin, tana iya kayar da mai daraja ta ɗaya da ba shi da labarin komai sai makinsa.

Batun shekaru kuwa kowa da nasa. Chevening bai sa iyaka ba. Turkiyya ta sa: ƙasa da 21 ga mai neman digiri na farko, ƙasa da 30 ga na biyu, ƙasa da 35 ga na uku, sannan mai son likitanci sai makinsa ya kai kashi 90 cikin ɗari. Wanda ya ce maka je ka kotu ka yi takardar rantsuwa ka rage shekaru bai so ka da alheri ba. Ranar haihuwar da ke kan fasfo in ta saɓa da ta NIN da ta takardun makaranta, ta isa ta jawo maka matsalar da ta fi shekarun.

NELFUND kuwa, wato asusun bai wa ɗalibai bashin karatu na gwamnatin Najeriya, ta kowane ɓangare an yi masa ƙazafi. Wasu sun ce kyauta ce, rabonka ne na arzikin ƙasa, ka ci ka goge baki. Wasu sun ce riba ce, Musulmi ya nisanta. Dokar da aka sa wa hannu a Afrilun 2024 ba haka ta ce ba. Bashi ne, kuma babu ruwa a kansa. Kuɗin makaranta kai tsaye ake tura wa makarantar, wanda ya nemi na ɗawainiya kuma a ba shi Naira 20,000 a wata. Biya yana farawa shekara biyu bayan kammala yi wa ƙasa hidima, a riƙa cire kashi 10 cikin ɗari na albashi. Na ɗaliban manyan makarantun gwamnati ne. Mai shakka ta fuskar addini ya kai wa malaminsa sharuɗɗan kamar yadda suke a rubuce, ba kamar yadda aka ji a shayi ba. Mai karɓa kuma ya karɓa da niyyar biya.

Akwai kuma sanarwar da gaskiya ce a da, amma ta mutu ana ta yawo da gawarta. Shirin BEA, wanda Hukumar Tallafin Karatu ta Tarayya ta riƙa tura ɗalibai Rasha da Maroko da Aljeriya da Hangari da sauransu a ƙarƙashinsa, Ministan Ilimi Tunji Alausa ya sanar da dakatar da shi a 2025, amma tsofaffin hotunan sanarwarsa ba su daina zagawa ba. TETFund kuma ba na kowa ba ne: na malaman manyan makarantun gwamnati ne, ta hannun makarantarsu. Duk wanda ya miƙa wa ɗan sakandare "fom ɗin TETFund" takarda kawai ya sayar masa.

Wanda ya fi cin gonaki da filayen iyaye shi ne "sikolashif na kashi 50". Sau da yawa wasiƙar gurbin ta gaske ce, jami'ar ma tana nan. Sai dai rangwame ne irin na ɗan kasuwa, ana yi wa kusan duk wanda ya nema, dillalin da ya kawo ka kuma yana da lada. Ragowar rabin da kuɗin waje za a biya, ga haya, ga abinci, shekara huɗu cur, Naira kuwa ba ta tsaya wuri ɗaya. An fi jin irin wannan game da Arewacin Sayifurus, yankin da Turkiyya kaɗai ta amince da shi a matsayin ƙasa, kuma tun 2020 shugabar hukumar 'yan Najeriya mazauna waje, Abike Dabiri-Erewa, ta gargaɗi iyaye kan tura yara can. Jamus ma da ake cewa "karatu kyauta", gaskiya ne mafi yawan jami'o'in gwamnati ba sa karɓar kuɗin koyarwa, amma kafin biza sai ka nuna sama da Yuro 11,000 na zaman shekara guda, sai fa in wata hukuma irin DAAD ce ta ɗauki nauyinka. Uba ya tambayi abu huɗu kafin ya sayar da komai: wa zai biya makaranta, wa zai biya masauki, wa zai biya jirgi, kuma nawa za a riƙa ba yaron a wata. Ya kuma bincika ko za a karɓi shaidar a gida, domin a Janairun 2024 gwamnatin Najeriya ta dakatar da tantance digirin Benin da Togo bayan wani ɗan jarida ya samo digiri a Kwatano cikin mako shida.

Mai tunanin tallafi hanyar ƙaura ce shi ma ya sake lissafi: Chevening sai ka sa hannu za ka koma ƙasarka ka zauna aƙalla shekara biyu.

Kai da ke da niyya, lokutan sanannu ne. Chevening yakan buɗe a watan Agusta. Turkiyya takan karɓa daga 10 ga Janairu zuwa 20 ga Fabrairu. Ɗan Nijar ya leƙa ANAB, hukumar tallafin karatu ta ƙasarsa, ɗan Najeriya ya riƙa duba shafin ma'aikatar ilimi da na hukumar tallafin karatu ta jiharsa. Fasfo da takardar sakamako da wasiƙun malamai biyu su ne ke cin watanni, don haka je ka nemo su yanzu, tun ba a buɗe ba.