Majigi a Matsayin Shaidar Ɓarnar Girgizar Ƙasa

Maganarmu a yau ita ce yadda majigi ya zama shaida ga masu nazarin tarihi.

Ran 18 ga Afrilu, 1906, girgizar ƙasa ta auka wa birnin San Faransisko na Amurka, gobara ta biyo bayanta, mutum fiye da 3,000 suka halaka. Kwana huɗu kafin haka, waɗansu 'yan'uwan juna da ake kira Miles sun ɗora na'urar ɗaukar hoto a gaban tarago, suka bi babban titin Market suna ɗaukar jama'a da gidaje. Da ƙura ta lafa suka sāke bin titin. In an jera hotunan biyu, ana iya gane ginin da ya faɗi da wanda ya tsaya, gida bayan gida. Watau hoton kango ba ya cika shaida sai an sami hoton wurin tun yana raye.

Amma fa a lura, ba kowane hoto ne gaskiya ba. A shekarar nan kamfanin Biograph ya ƙera ɗan ƙaramin birni na kwaikwayo, ya cinna masa wuta, ya nuna wa mutane a matsayin San Faransisko. Saboda haka wajibi ne mai nazari ya tambaya: wa ya ɗauka, yaushe, don me?

Tambayar nan ta shafe mu. Turawan mulki sun kafa sashen majigi a 1939 a ƙarƙashin William Sellers, daga baya gwamnatin Jihar Arewa ta yi nata a nan Kaduna. Majigin Baban Larai, alal misali, an shirya shi ne don koyar da noma. Abin da hukuma ke so a gani shi aka ɗauka, sauran kuwa ya wuce ba shaida.

Kada kuma a ce girgizar ƙasa ta yi mana nisa. An ji ta a Kwoi a 2016, da Mpape ta Abuja a 2018. Daɗa ga Kakuri, inda aka buɗe masaƙa a 1957, ta zo ta mutu ba tare da ƙasa ta motsa ba. Lalle ne a ɗauki hotunan unguwanninmu tun suna tsaye, a rubuta rana da wuri, a kai su Gidan Adana Takardun Tarihi na Kaduna, gama tun ran gini ran zane.