Idan Hukumar Sufuri Ta Yi Kunnen Uwar Shegu da Umarnin Kotu

A watan Oktoban 2024 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja, ƙarƙashin Mai Shari'a Evelyn Maha, ta yanke hukunci cewa jami'an duba ababen hawa (VIO) na Babban Birnin Tarayya ba su da hurumin tare mota, ƙwace ta ko cin tarar mai ita. Direbobi sun yi murna, har wasu a Kano suka ɗauka KAROTA, hukumar kula da zirga-zirgar ababen hawa ta jiharsu, ma abin ya shafe ta, alhali ita dokar jiha ce ta kafa ta. To amma hukunci ba ya aiwatar da kansa. Mai mota na iya riƙe takardar kotu a hannu, motarsa kuwa tana can a harabar hukuma tana shan rana, ko lasisinsa na kwance a aljihun tebur.

Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum bin hukuncin kotu. Makamin da ya fi kaifi shi ne tuhumar raina kotu, kuma kan mutum take faɗawa, domin ba a ɗaure ofis. Lauya zai nemi magatakardar kotu ya fitar da Fom 48, gargaɗin cewa ƙin bin umarnin zai kai mutum gidan yari. A nan ake yawan tuntuɓe. Dole a miƙa takardar hannu da hannu ga shugaban da aka ambata da suna, sai dai in alƙali ya amince da wata hanyar. Ajiye ta wurin masinja ba ya wadatarwa, kuma lauyoyin gwamnati sun ƙware wajen rusa ƙara da wannan kuskuren. In shugaban ya ci gaba da taurin kai, sai Fom 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi.

Abin ba tatsuniya ba ne. A ƙarshen 2022 wata kotu a Abuja ta umarci a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, kurkukun Kuje saboda rashin mayar da wata Range Rover da naira miliyan 40 ga mai su. Daga baya an janye umarnin, amma ya nuna kujera ba ta kare mutum.

Hukumomi kan fake da "ai mun ɗaukaka ƙara". Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta dakatar da hukunci, sai kotu ta ba da umarnin dakatarwa na musamman. A nemi ganin wannan takardar.

In kotu ta ba da diyya kuwa, ita ce mai wuyar karɓa. Ana iya neman kotu ta sa banki ya cire kuɗin daga asusun hukumar, sai dai sashe na 84 na dokar zartar da hukunce-hukunce ya ce in kuɗin na hannun jami'in gwamnati, sai Antoni Janar ya sa hannu. Wato lauyan gwamnati ake roƙo ya yarda a taɓa aljihun gwamnati.