Girman Taya Ba Ado Ba Ne

Sau da yawa mai mota yakan sauya rim don ado, bai san da ransa yake wasa ba. Ɗauki Toyota Camry mai taya 205/65 R15. Lamba 205 faɗin tayar ne a milimita, 65 tsayin gefenta, watau kashi 65 cikin ɗari na faɗin, 15 kuwa girman rim a inci. In aka sa rim mai inci 17, tilas gefen ya ragu, rami ɗaya sai ya fasa tayar. In kuwa aka bar tsayin yadda yake, maleji zai nuna ƙasa da ainihin gudu. Saboda haka kafin ka biya kuɗi, duba lambar da kamfani ya liƙa a bakin ƙofar direba, ka bi ta.